Rawanin Talba a Biron Kumandan

Birni, Damagaram, cikin bazara.

Daga Mala ɗan marigayi Talba zuwa ga yayata Ya Kellu a Garagumsa. Gaisuwa da ban girma irin na ƙane ga babbarsa. Ina fata ke da ɗanki Nomau da sauran mutanen gida kuna lafiya, kuma ciwon gwiwar nan ya sake ki. Mu nan sai godiya. Matata Aisa ta tashi daga zazzaɓi, har ta koma faɗa da masu sayar da ruwa, kin ga kuwa ta warke.

Bayan haka, maganar da muke tsoro tun rasuwar Baba ta taso. Kumandan, babban Nasaran da ke mulkin ƙasar nan, ya aika wa Sarki cewa majalisa ta yi yawa. Wai ya shiga fada ya ga mutane zazzaune har bakin zaure, kowa da rawani, kowa da bara mai riƙe masa takalmi, ya tambayi aikin da suke yi aka rasa amsar da za ta gamsar da shi. Saboda haka za a sake ta, kuma ba a fada ba, a bironsa, wato ofishinsa na bariki.

Ga inda aka kai. Galadima da Ciroma suna nan, Alƙali da Liman ma ba a taɓa su ba. Kaigama an sallame shi, wai tunda babu yaƙi babu abin da shugaban yaƙi zai zauna yi. Sarkin Bindiga ma haka, tunda bindigogin suna hannun Nasara. Na gan shi a kasuwar Zango yana taya akuya, ya yi kamar bai gan ni ba, ni ma na taimake shi na kau da kai. Sannan an ƙirƙiro wata sarauta da ba mu taɓa jin ta ba, wai Sarkin Hanya, an naɗa wa Zakari mai hatsi, wanda ke kai gero bariki. Kin san ƙanwarsa ce ke auren tafintan Kumandan.

Saura tamu. Sarautar Talba ba a ce an soke ta ba, ba a ce an bar ta ba. An dai ce in je biro tare da dattawan gida. Kin fi ni sanin abin da ke rataye da rawanin nan. Garagumsa da ƙauyukan da ke kewaye da ita ba su da wata ƙofa a fada sai gidanmu. Bara da aka zo kwasar samarinku dakon itacen kafa wayar tangaraho, Baba ne ya tashi ya ce ana tsakiyar noma, ya kafe har aka janye. Idan rawanin ya fita daga gidan nan, babu mai sake faɗin haka.

Abin da ke damuna shi ne al'adar naɗin. Ya Kellu, mutumin nan ba ya zama. Agogo yake ajiyewa a kan tebur, yana magana yana dubansa. Wanda ya shiga gabansa, kafin ya gama gaisuwa an sallame shi. Ina ganin idan ya tambaye ni in ce na karɓa kawai, a wuce wurin. Ban yanke ba sai na ji ta bakinki, ke ce babba.

Na haɗo miki dabino da kanwa ta hannun masu jakai. Allah ya bar zumunci.

Garagumsa, cikin bazara.

Daga Kellu, ta bakin alƙalamin Malam Mamman limamin garin nan, zuwa ga ƙanena Mala. Na gaishe ka, na gai da Aisa, Allah ya ƙara mata sauƙi. Gwiwa tana nan yadda ka san ta. Nomau lafiyarsa ƙalau, yana ta sassabe. Dabino ya iso, kanwar kuwa rabinta ƙasa ce, ka daina saye wurin mutumin nan.

Yanzu ka buɗe kunnenka. Da Malam ya karanta mini inda ka ce “a wuce wurin”, sai da na sa ya maimaita, don na ɗauka idonsa ne ya soma rauni. A wuce wurin! Naɗin Talba ne za a wuce kamar an ga kashin jaki a hanya? Mala, ashe halin nan bai bar ka ba. Tun kana yaro kai ne mai tsoma hannu a akushi kafin manya su wanke nasu. Na yi zaton gemu ya raba ka da shi.

Tunda ka manta, bari in tuna maka, ni da na ga naɗin Baba da idona ta bayan zana. Sarki ya ce, “Mun ba ka Talba.” Baba ya faɗi ya yi afi ya ce, “Ban isa ba, ranka ya daɗe, akwai wanda ya fi ni.” Aka ce wa? Ya nuna mahaifin dattijon gidanmu Gambo. Tsohon ya miƙe ya ce, “Mu riƙon takalmi muka gada, rawani na gidan Talba ne.” Aka sake, aka kuma sakewa. A na ukun Sarki ya ce, “To umarni ne.” Sannan Baba ya sunkuyar da kai aka naɗa. Haka aka yi wa kakanmu. Kuma ba wasa ba ne. Da kakanninmu suka taso daga Barno, kakan Gambo ne babba, shi aka fara miƙa wa ya bar wa namu. Tun ranar gidansu ke da wannan aiki, a nuna su su mayar. Gambo ya tsufa yana jiran ranar da zai miƙe ya faɗi kalmomin ubansa. Kai kuma za ka shiga ka ce “na karɓa” kamar mai karɓar kuɗin awo, ka bar dattijo a tsaye da bakinsa a buɗe?

Ka san me mutanen nan za su ce? Za su ce wanda ya wafce rawani gobe zai wafce musu akuya. Ba don ƙarfi suke jin maganar gidanmu ba, ba mu da shi. Don sun san ba mu taɓa roƙon sarautar nan ba, ɗora mana ita ake yi. Zakari mai hatsi ya miƙa hannu biyu ya karɓa, ya yi kyau, shi ai da mudu ya saba. Sarkin Hanya! Gobe ma a naɗa Sarkin Juji. Kai ɗan Talba ne.

Maganar agogo kuwa ba ta dame ni ba. Nasara ma mutum ne, uwa ce ta haife shi. Ko a garinsu na tabbata baƙo ba ya dirar wa abinci daga tayin farko. Kuma ga Sarki a wurin, ga tafinta da ya sha furar gidanmu ba sau ɗaya ba, ya san komai. In kuma Aisa ce ke zuga ka don ta matsu a ce mata matar Talba, ka ce mata ta sha ruwa ta kwanta.

Malam Mamman ya ce in sassauta. Na ce masa rubutu aka kira shi yi, ba sulhu ba.

Ka ɗauki Gambo ku tafi tare. Ka sa a wanke masa rigarsa. Ka yi yadda Baba ya yi, ko ƙwayar kalma kada ka rage. In ka saɓa, ban yafe ba. Ga daddawa nan da kuka. Wassalam.

Garagumsa, hadari ya soma haɗuwa.

Daga Kellu zuwa ga Mala. Gaisuwa kaɗan, don raina ba ya wurin gaisuwa. Muna lafiya, in ana kiran wannan lafiya.

Wata ya mutu wani ya tsaya, ko layi ɗaya ban gani daga gare ka ba. Kunya ce ta hana ka ko hannunka ne ya karye? Sai a bakin fatake zan ji labarin gidan ubana? Masu gishiri sun sauka a nan ranar kasuwa, madugunsu ya ce da idonsa ya ga Gambo ya fito daga biro, Kumandan na dafe da kafaɗarsa yana dariya, kai kuma kana biye a baya kamar wanda aka yi wa wanka da toka. Ya ce duk Zango maganar da ake yi ke nan, an yi wa Gambo tayin Talba.

Gambo! Mutumin da Baba ya yi wa aure, ya yi wa ɗansa aure, duk Sallah rigarsa daga adakar Baba take fitowa. Ashe duk sunkuyar da kan nan jira yake yi. Ya ga Nasara bai san kan zance ba, ya ce yau rana ta fito. Wallahi da a gabana ne da sai na warware rawanin da hannuna, ko da gardi, dogarin Nasara, zai karya ni.

To ni ban iya zama da baƙin ciki ba. Ka san gonar bakin fadama da Baba ya ba Alkasum ɗan Gambo aro yake nomawa tun aurensa. Na same shi a bakin rijiya, gaban jama'a, na ce ya fita daga gonar, ɗan Talba ba ya noman aro, ya je ubansa ya yanka masa tasa. Ya tsaya yana kallona kamar bai san abin da nake faɗi ba. Ya ce, “Gwaggo, me na yi?” Na ce ya tambayi ubansa. Washegari ya ɗaure kayansa, ya sa matarsa Delu da 'ya'yansu a gaba, sun yi kudu. Ko irin da ya tanada bai ɗauka ba.

Ka rubuto mini yadda aka yi, daki-daki. Kuma ka faɗa wa tsohon nan, muddin ina numfashi kada ya tako Garagumsa da rawanin ubana a kansa.

Birni, Damagaram, farkon damina.

Daga Mala zuwa ga Ya Kellu. Ina gaishe ki, ina gai da Nomau. Jikinmu lafiya. An yi ruwan shuka a nan, ina fata ya kai gare ku.

Ya Kellu, me kika yi? Na karanta takardarki na rasa inda zan sa kaina. Na rubuta miki tun ranar da abin ya faru. Masu jakan da na ba takardar an tare su a Tirmini, an sauke kayansu an ɗora wa jakan itacen waya, har yau ba su dawo ba. Yanzu ga labarin, ki saurara har ƙarshe kafin ki ce komai.

Mun je da Gambo kamar yadda kika ce, rigarsa wankakkiya, tun a hanya yana ta maimaita kalmominsa a hankali. Biron ɗaki ne ƙarami. Kumandan na bayan tebur, tafinta a tsaye kusa da shi. Sarki na gefe a kan kujerar ƙarfe, kamar shi ma jiran kira yake yi. Ba Sarki ne ya yi magana ba. Kumandan ne ya ce, ta bakin tafinta, “Kai ne ɗan Talba? Kana son aikin ubanka?”

Na faɗi na yi afi. Ƙasan siminti ne, babu ƙurar da zan ɗiba, haka na shafa hannu na kai goshi. Na ce, “Ban isa ba, akwai wanda ya fi ni.” Tafinta ya juya. Kumandan ya ɗaga gira ya ce wane ne? Na nuna Gambo. Sai ya ce kalmar nan tasu, “Bon,” ya juya wurin Gambo ya ce, “To kai, ka karɓa.”

Gambo ya miƙe. Ya Kellu, da kin gan shi da kin yi kuka. Muryarsa ko rawa ba ta yi ba. Ya ce, “Mu riƙon takalmi muka gada, rawani na gidan Talba ne.” Kumandan ya ce a faɗa masa da gaske ake yi, shi ba ruwansa da wanda ya gaji me, mutum ɗaya yake so a kujerar, in yana so yanzu za a rubuta shi. A nan na gane inda aka dosa. Na ja gefen rigar Gambo, na ce masa ƙasa-ƙasa, “Baba Gambo, karɓa, ma gyara daga baya.” Ya dube ni kamar na zagi uwarsa. Ya fizge rigarsa, ya ƙara ɗaga murya ya maimaita abin da ya faɗa.

Kumandan ya yi dariya har da buga tebur. Ya ce tun da ya zo ƙasar nan kowa roƙonsa muƙami yake yi, yau ya ga mutum biyu masu gaskiya da ba sa so. Ya ce aikin da masu shi ba sa so, ba aiki ba ne. Ya ja alƙalami. Ya tambayi inda garuruwan Talba suke, aka ce a kan hanyar yamma. Ya ce to ai sun sami mai su, a haɗa wa Sarkin Hanya.

Ni kuwa ina nan durƙushe ina jiran zagaye na biyu. Wallahi jira nake a sake tambayata. Sai da gardi ya taɓa ni na ɗaga kai na ga har an kira na bayanmu. Kumandan da kansa ya raka Gambo bakin ƙofa yana dafa shi, yana cewa dattijon kirki. Abin da madugunki ya gani ke nan.

Kin ce tafinta ya san komai. Ya sani. Kuma bai yi ƙarya ko ɗaya ba, abin da ya fi ƙona mini rai ke nan. Duk abin da muka faɗa ya juya shi daidai, bai rage ba, bai kuma ƙara da cewa al'ada ce, a sake tambaya ba. Sarki ya buɗe baki sau ɗaya kamar zai yi magana, ya dubi Kumandan, ya gyara zaman alkyabbarsa.

Majalisa ta cika yanzu, mutum bakwai. Babu Talba a ciki, ba a gidanmu ba, ba a gidan kowa ba. A hanyar komawa Gambo yana ta tambayata, “Na faɗa daidai ko? Haka ubana ya faɗa ko?” Na ce masa daidai ya faɗa. Har yanzu yana zaton za a sake kiranmu a ƙarasa.

Bai ji labarin Alkasum ba tukuna. Ban san da wane baki zan faɗa masa ba. Ki aika a nemo yaron nan tun shuka ba ta wuce ba.

Garagumsa, damina.

Daga Kellu zuwa ga ƙanena Mala. Na gaishe ka. Ka gai da Aisa, ka ce mata maganar da na yi a kanta ta bar ta a nan. Ruwa ya sauka, gero ya fito, lafiya dai ga ta nan.

Malam ya karanta mini takardarka, na sa ya sake, sannan na shiga ɗaki na rufe. Na zalunci Alkasum, ban da abin cewa. Na tura Nomau ya bi sawunsu har ya gaji, aka ce masa sun tsallaka ƙasar Ingilishi wajen Daura. Gonar tana nan ciyawa ta rufe ta, na hana kowa ya taɓa. Duk wanda zai yi kudu ina ba shi saƙo. Ka faɗa wa Gambo da bakinka kafin ya ji a kasuwa, ka ce ni Kellu na yi, ba kai ba.

Amma kada ka ɗauka don na yi laifi bakina ya mutu. Wane irin mutum ne wannan da za a ce masa “ban isa ba” ya ce to shi ke nan? A gidan wa ya tashi? Wato in ya je gidan surukansa aka ce ya ci abinci, hannu kawai yake zurawa? Ya zo ƙasar mutane, bai san gaisuwarsu ba, bai san kunyarsu ba, ya zauna da agogo yana yanka sarautar da ta girmi kakansa kamar mai yanka kabewa. Har da yabo! Ya kashe mu yana ce mana mutanen kirki. Da zagi ya yi da ya fi mini sauƙi.

Shi kuma tafinta, Allah ya isa furarmu. Kalma ɗaya ta gagare shi don surukinsa na jiran garuruwa. Shi kuwa wanda ya gyara alkyabba, na faɗi abin da na faɗa a kansa, Malam Mamman ya ce ko za a yanka shi ba zai rubuta ba. Ka cika da kanka, ka san bakina.

Har Gambon ma ina jin haushinsa. Tsoho da amana kamar ciwo! Ka ja rigarsa, ka ce ya karɓa, ya kasa ganewa? Jiya ina tsine masa don na ji ya karɓa, yau ina cizon yatsa don bai karɓa ba. Ka ga inda Nasara ya kai ni.

Yanzu ga abin da ke gabanmu. Yaron Zakari ya zo da gardi biyu. Bai sauka gidan kowa ba, bai gai da kowa ba. Ya tsaya a bakin gonaki yana duban kafaɗun samari yadda ake duban jaki a kasuwa. Ya ce bayan noman farko za a ɗebi mutane aikin hanya da dakon itace. Dattawa suka taru a ƙofar gidana kamar yadda suka saba, suka ce, “Ya Kellu, a aika wa Talba.” Na ce za a aika.

To na aika. Ka koma biro. Ka ce masa da bakinka kana so, ka ce kuskure aka yi, ka ce al'ada ce. Ka nemi wani mai jin Faransanci ba tafintan nan ba, ko cikin sojoji ne. Ni da na ce kada ka miƙa hannu, yau na ce ka miƙa biyu. In durƙuso ne ka yi, in kuka ne ka yi. Garin nan ba shi da baki a fada, kuma noma bai jiran kowa.

Birni, Damagaram, tsakiyar damina.

Daga Mala zuwa ga Ya Kellu, gaisuwa da fatan kuna lafiya. Mu ma lafiya, sai dai Gambo. Na faɗa masa. Da ya ji labarin Alkasum, sai ya ce, “Kellu ta yi daidai da abin da ta ji.” Tun ranar bai sake fitowa zaure ba.

Na koma bariki. Na yi ta zarya ina zama a rana tare da masu ƙara da masu neman aikin dako, ni da ban taɓa jira a ƙofar kowa ba sai ta Sarki. Wani saje cikin sojoji, mutumin yamma, da ke sayen fata wurin maƙwabcinmu, ya ji tausayina ya shigar da ni, shi ya yi mini tafinta. Na faɗi duk abin da kika ce. Na ce ina so. Kalmar ta fita daga bakina kamar ana cire mini haƙori.

Kumandan ya saurara, har ya ce al'adar ta ba shi sha'awa, ya ɗauko wani littafi ya rubuta ta. Sannan ya ce maganar majalisa ta riga ta tafi ta waya wurin manyansa, ba a buɗe ta. Amma ya ce yana neman mutum wanda ya san gidajen Garagumsa ɗaya bayan ɗaya, ya zama wakilin Sarkin Hanya a can, shi zai riƙa zaɓen waɗanda za su tafi aiki. Ya ce in babu, gardi za su zaɓa.

Kin san yadda gardi ke zaɓe. Wanda bulala ta fara samu shi ne. Ba su san gidan da namiji ɗaya ne ke ciyar da shi ba, ba su san mai farfaɗiya ba, ba su san wanda matarsa ke kan gwiwa ba. Ni na sani. Hana ɗiba ya fi ƙarfina yanzu, abin da ya rage shi ne wa za a ɗiba.

Ya Kellu, saje bai gama juya maganar ba na ce na karɓa. Babu rawani, babu kujera. Wata jar hula aka ba ni, kuma Zakari zan riƙa kai wa gaisuwa. Na je na kai. Ya bar ni a tsaye yana auna gero.

Ina nan tafe bayan kasuwa mai zuwa, da gardi biyu a bayana. Ki yi mini abu ɗaya. Ki tura Nomau wurin dangin ubansa a Dakusa kafin in iso, ya zauna har a gama. Ƙarfinsa a fili yake, in yana gari ba yadda zan tsallake shi a gaban gardi, kuma ba zan iya nuna ɗanki da yatsana ba. Wasu da suka tafi aikin nan bara daga wasu garuruwa ba su dawo ba. Kada ki yi mini gardama a wannan.

Garagumsa, tsakiyar damina.

Daga Kellu zuwa ga Mala. Muna lafiya. Takardarka ta iso a kan lokaci, wannan karon ba wanda ya tare ta.

Jar hula. Na ce Malam ya tsallake wurin in zai sake karantawa. Ban ce ka yi kuskure ba, ni na tura ka. Amma kada ka sa ran zan yi maka guɗa.

Nomau ba ya zuwa Dakusa. Ka yi tunani da kyau, Mala. Za ka shiga gidan mutanen da suka yi wa Baba noma shekara da shekaru, ka ce wannan ya fito, wancan ya fito, sannan su waiga su ga ɗan yayarka ya ɓace daidai ranar? Rawani ya tafi, kujera ta tafi. Abin da ya rage wa gidanmu a garin nan shi ne in mun yi magana a yarda. In ka ɓoye nawa ka ɗebi nasu, ka zama gardi na uku, kuma gobe in ka ce a bar maka ɗan gwauruwa ko mai ciwo, ba Nasara ba, ko mutanen gari ba za su saurare ka ba.

Da shi za ka fara. A bakin rijiya, gaban kowa, ka kira sunansa da ƙarfi kafin na kowa. Na faɗa masa. Ya ɗauki hauyarsa ya koma gona, wai yana so ya gama mini noman kafin ka zo. Shi kaɗai gare ni, ka sani, ba sai na rubuta ba. Ina soya masa gari, hannuna na yi idona na yi. Idan ɗana bai dawo ba, ban san wanda zan kama ba, kai ko ni ko mai agogo.

Gardinka su kwana a waje, ba za su taka mini tsakar gida ba. Kai ka shigo, gidan yayarka ne. Za a kawo maka ruwa da fura. In kana so ka karɓa tun tayin farko, don ba zan sake miƙawa ba.